Kundin Greatest Hits na Journey: ku duba cikin faifan kafin ku biya

Wasiƙun wannan makon sun taru a kan abu guda, wato kundin zaɓaɓɓun waƙoƙin Journey, ƙungiyar makaɗan rok ta birnin San Faransisko a Amurka, wanda kamfanin Columbia ya fitar a watan Nuwamba na 1988. Ga wanda bai san su ba, suna cikin makaɗan da suka riƙa cika filayen wasa da manyan zaurukan taro a ƙarshen shekarun 1970 da farkon 1980, da ƙarar jita da ganguna da amshi mai sauƙin kamawa, irin wanda dubban mutane ke rerawa baki ɗaya. Na taƙaita wasu wasiƙun, na haɗe waɗanda tambayarsu ɗaya ce.

Na shiga wani shafin sayar da kaya na tarar da fayafaye huɗu masu kusan suna ɗaya: Greatest Hits, Greatest Hits 2, Greatest Hits Live da The Essential Journey. Kuɗin guda ɗaya nake da shi. Wanne zan ɗauka? (Mai karatu daga Kaduna)

Ɗauki na farko, Malam. Waƙa 15 ce a cikinsa, tsawon awa ɗaya da ɗan ɗoriya, kuma duka muryar Steve Perry ce, wanda ya shigo ƙungiyar a 1977. Biyu an ɗauko su daga kundin Infinity na 1978, ɗaya daga Evolution na 1979, ɗaya daga Departure na 1980, sai uku-uku daga Escape na 1981 da Frontiers na 1983 da Raised on Radio na 1986. Ragowar biyun, “Only the Young” da “Ask the Lonely”, a fayafayan waƙoƙin fina-finai suka fara fitowa. A bugun Amurka “Only the Young” ce ke buɗe faifan, “Don't Stop Believin'” ta biyo ta, “Be Good to Yourself” ta rufe. Idan ka ga mai waƙa 16 kada ka tsorata: bugun 2006 ne, an ƙara masa “When You Love a Woman” daga kundin 1996.

Greatest Hits 2 ya fito a 2011, kuma waƙoƙin da na farko ya bari ne aka tattara a cikinsa, irin su “Stone in Love”. Yana da kyau, amma ba da shi ake farawa ba. Mai Live ɗin na 1998 ne, an naɗe shi a wuraren wasa, da sowar jama'a da tafi, saboda haka ba zai zo maka daidai da yadda ka saba jin waƙoƙin ba. The Essential Journey na 2001 faifai biyu ne, ya ƙunshi kusan duk abin da ke cikin na 1988 da ƙari. Idan tazarar kuɗinsu ba ta da yawa, shi ma zaɓi ne mai kyau. Abin da ba zan yarda ka yi ba shi ne ka sayi su biyun, domin ka biya kuɗin waƙa ɗaya sau biyu ke nan.

Akwai kuma kundaye uku na farko, na 1975 da 1976 da 1977, kafin zuwan Perry. A lokacin Gregg Rolie ne ke yawancin waƙar, shi da Neal Schon mai jita ba su daɗe da barin ƙungiyar Santana ba, kiɗan dogo ne mai yawan sarrafa jita. Babu ko waƙa ɗaya daga cikinsu a kundin 1988. Kada arha ta ja ka zuwa gare su kana zaton abu ɗaya ne.

An tura min waƙoƙin a waya, sunayen daidai suke, amma muryar ba irin wadda na sani ba ce sosai. Kunnena ne ko kuwa? (Daga Jos)

Kunnenka lafiya lau. Perry ya rabu da ƙungiyar a 1998. A 2007 Neal Schon ya ga wani mawaƙi ɗan ƙasar Filifins, Arnel Pineda, a YouTube, suka ɗauke shi. Kundinsu na 2008 mai suna Revelation ya zo da faifai na biyu wanda aka sake rera tsofaffin waƙoƙin da muryar Pineda. Wannan aikin ƙungiyar ne na halas, kuma mutumin yana da murya, amma ba shi ne kundin 1988 ba. Masu tura waƙa ba su tantancewa, abin da suka samu mai wannan suna shi suke zuba maka. Wani lokacin ma ba Journey ba ce gaba ɗaya, makaɗan kwaikwayo ne. Buɗe bayanan waƙar a wayarka ka duba sunan kundi da shekara. Idan wurin fayau yake, nemi waƙar a shafin ƙungiyar a Spotify ko Apple Music ko YouTube ka saurari minti ɗaya, za ka ji bambancin da kanka.

Wani ya ce min faifan nan “platinum” ne, kuma idan na ajiye shi zai yi tsada nan gaba. Ya ce nasa ma yana da sa hannun mawaƙin. In saya in ajiye? (Daga Sakkwato)

A'a. Kuma ina mamakin yadda irin wannan magana take shiga kunnen mutum mai hankali. Platinum shaidar yawan ciniki ce da ƙungiyar kamfanonin waƙa ta Amurka, RIAA, take bayarwa: kwafi 500,000 zinare, miliyan ɗaya platinum, miliyan goma lu'ulu'u. Faifan da ke hannunsa roba ce da ɗan shafen alminiyam, kamar kowane faifai. Wannan kundi an sayar da fiye da kwafi miliyan 15 a Amurka kaɗai. Abin da ke gidan miliyoyin mutane ta ina zai yi tsada? Sa hannu kuwa, duk mai alƙalamin maka zai iya yi. Idan jari kake nema, sayi hatsi da kaka.

Mahaifinmu ya yi karatu a Amurka a farkon shekarun 1980, kuma yana yawan ambaton waƙoƙin nan. Yanzu ya yi ritaya, ciwon ƙafa ya matsa masa, yawanci yana gida. Yana da tsohuwar na'urar CD da yake ji da ita. Na tara 'yan kuɗi ina so in saya masa na ainihi. Wani mai shago ya nuna min guda a cikin leda, ya ce daga waje aka kawo, amma ya hana a buɗe. Ina tsoron a cuce ni, kuma zan ji kunya in kai wa Baba abin da zai lalace a mako guda. (Wata 'yar'uwa daga Zariya)

Allah ya yi miki albarka, 'yata, ya ba Baba lafiya. Kwantar da hankalinki, abin da kike nema ba mai wuyar samu ba ne, kuma tsoron da kika ji shi ne ya tsare miki kuɗinki. Kada ki koma shagon nan sai idan ya yarda a buɗe. Leda ba shaidar komai ba ce, injin liƙe ta yana nan a kowace babbar kasuwa. Wanda ya hana ki ganin cikin kaya yana so ki yi cinikin biri a sama.

Ga abin da za ki duba idan faifai ya zo hannunki. Juya shi ki kalli ƙasan, wajen da ba rubutu, a cikin hasken rana. Bugun kamfani fari ne tas kamar madubi. Idan kin ga yana ɗaukar kore-kore, ko shuɗi, ko ruwan ɗorawa, faifan CD-R ne, wato fanko da aka saya aka ɗora masa waƙa da kwamfuta. Sau da yawa za ki ga iyaka a zagaye, ciki ya ɗan fi duhu inda aka yi rubutu, waje ya fi haske inda ba a taɓa ba. Sai ki kalli zoben da ke kewaye da ramin tsakiya. A na kamfani akwai jerin lambobi da haruffa ƙanana a cikin zoben madubin, an yi su tare da faifan, ba sa gogewa, kuma galibi suna ɗauke da lambar kundin da ke rubuce a gefen akwatin. Bugun Amurka na farko lambarsa CK 44493. A faifan fanko kuwa lambar da za ki gani a kan robar tsakiya take, an ɗiga ta da tawada, wani lokaci har da 80 a ciki, wato minti 80 da fankon ke ɗauka.

Za ki ji ana cewa a nemi haruffan IFPI. Gaskiya ne, amma da sharaɗi. Daga 1994 aka fara sa wannan alama a zoben faifai, don a san masana'antar da ta buga shi. Saboda haka bugun 2006 mai waƙa 16 ya kamata ki same ta, ɗaya a zoben madubi, ɗaya ƙarama ƙwarai a kan robar tsakiya. Bugun 1988 ba shi da ita, kuma wannan ba aibi ba ne. Haka idan kin ga CBS a madadin Columbia, tsohon bugun Turai ne, domin sai a 1991 aka daina amfani da wancan suna a can. A kayan gwanjo na Amurka kuma akan samu waɗanda ba su da layukan baƙaƙen nan na farashi a baya, an rubuta CRC ko BMG. Na ƙungiyoyin sayar da faifai ta gidan waya ne na wancan zamani, kuma na ainihi ne.

Daga nan sai takarda. Zaro ɗan littafin da ke gaban akwatin. Hoton buzuzu mai fukafukai, tambarin ƙungiyar, ya kamata ya fito rangaɗau, ƙananan rubutun da ke ƙasa kuma su karantu ba tare da kin matse ido ba. Na jabu hoto aka ɗauka daga hoto, launin ya dushe ko ya yi ja da yawa, haruffa sun yi gashi-gashi, takardar siririya, cikinta sau da yawa fari fat. Karanta sunayen waƙoƙin ɗaya bayan ɗaya, masu jabu kan yi kuskuren harafi. Taɓa saman faifan da yatsa: idan takarda ce aka manna, ajiye shi. Ƙirga waƙoƙin. Faifan sauti na gaskiya ba ya wuce minti 80. Wanda aka rubuta masa waƙa ɗari ko “duk waƙoƙin Journey” faifan MP3 ne, kuma tsohuwar na'urar Baba ba za ta ma karanta shi ba.

Idan na hannu ne, wanda na fi ba ki shawara ki nema, ɗaga shi saitin fitila ki duba ta saman rubutun. Idan haske yana ɓullowa ta ƙananan huji, shafen alminiyam ɗin ya ci, kuma ba ya gyaruwa. Mutane sun fi tsoron karce a ƙasa, alhali na sama ya fi illa, domin waƙar tana kwance dab da saman ne, ɗan siririn fenti kawai ya rufe ta, ƙasa kuwa roba ce mai kaurin milimita ɗaya da ɗoriya. Karcen da ya tashi daga tsakiya zuwa baki yawanci na'ura tana haye shi. Wanda ya bi zagayen faifan shi ke sa tsalle. Sannan ki sa a kunna miki a shagon, kuma kada ki tsaya a waƙa ta farko. CD daga ciki yake fara karatu ya nufi baki, hannu da ƙura kuma baki suka fi ɓatawa. Ki ce a sa miki ta 13 da ta 14 da ta 15, kowace ta yi ko da minti ɗaya.

Na san abin da wasu masu karatu ke faɗa yanzu: ai waƙar ɗaya ce, me ya sa za a wahalar da yarinya? Wannan magana ita ce take ƙona min rai, kuma ita ce ta sa kasuwanninmu suka cika da tarkace. Ba ɗaya ba ce. Faifan kamfani, rubutunsa a jikin roba aka danna shi da ƙarfe, zai yi shekaru da dama idan an kula da shi. CD-R kuwa rini ne a ciki wanda hasken leza ya ƙona, kuma rini ba ya shiri da zafi da rana. A bar shi a gaban mota a watan Afrilu, ko a kan taga, sai ya fara tsalle, daga nan na'ura ta ce babu faifai. Tun yana sabo ma hasken da yake mayarwa bai kai na bugun kamfani ba, shi ya sa tsofaffin na'urori masu raunin ido suke wahala da shi. Sai mai gida ya zaci na'urarsa ce ta lalace, ya kai wa mai gyara, a canza ido, a karɓi kuɗin da ya ninka na faifan, alhali faifan ne mai laifi.

Na biyu, daga ina mai jabun ya samo waƙar? Ba daga faifan ainihi ba, galibi. Daga intanet ya sauko da MP3 da aka riga aka matse, ya mayar da shi faifan sauti. Abin da aka zubar wajen matsewa ba ya dawowa. A irin wannan kiɗa inda abin ya fi fitowa shi ne faifan ƙarfen mai ganga, sai ki ji yana “shhh” kamar ana watsa ruwa, da kuma inda Perry ya ja murya sama, sai ta yi kaushi. Mutumin da ya ji waƙoƙin nan a ƙuruciyarsa zai gane, ko da kawaici ya hana shi faɗa.

Na uku shi ne kuɗin. Da a ce mai shagon zai ce, “Wannan kwafi ne, ga kuɗin fanko da na aikina,” da aƙalla an san abin da aka saya. Amma sai ya sa leda, ya ce daga waje, ya ɗora farashin na ainihi. Wannan ha'inci ne, ba shi da wani suna. Mu kuma masu saye muna da namu laifin. Mutum zai tsaya ya juya atamfa ciki da bai, ya duba gefenta, ya murza, ya shinshina, amma a miƙo masa faifai ko memori ko caza ya zura a aljihu bai ko kalla ba. Kuma idan ya lalace ba ya mayarwa, sai ya ce ƙaddara, gobe ya koma wurin mutumin. Wannan sakaci bai taɓa Journey da komai ba, su sun riga sun tara abinsu. Mawaƙanmu da 'yan fim ɗinmu na Kano su ne suka ɗanɗana kuɗarsa, lokacin da aikin da suka zuba wa jari yake fitowa yau, gobe a gan shi a baro ana sayarwa a kan kuɗin fanko.

Idan ba ki samu mai kyau a kusa ba, 'yata, kada ki yi odar guda ɗaya daga waje, kuɗin aike zai ninka na faifan. A Amurka da Ingila na hannu yana nan birjik a shagunan tsofaffin kaya a kan kuɗi kaɗan. Nemi ɗan'uwa ko ɗalibin da zai dawo hutu ya riƙo miki, ya sa shi a tsakiyar tufafi don akwatin kada ya fashe. Faifan sauti ba shi da shingen yanki irin na DVD, na kowace ƙasa zai yi a na'urar Baba. Kafin ki kai masa, ki sa a buɗe na'urar a share idon da auduga mai ɗan jiƙon sifirit, a hankali, domin ƙurar hunturu tana kwanciya a kai.

Ni ba ruwana da faifai. Na sayi memori mai 64GB da arha, aka cika min shi da waƙoƙi har da na Journey. Bayan kwana kaɗan wasu sun daina buɗewa, a mota kuma ba ya karantawa sam. (Direba daga Maraɗi)

Matsala biyu ce, ɗan'uwa, kuma ta farkon jabu ce dai. Akwai memorin da cikinsa bai wuce 4GB ko 8GB ba, an yi masa dabara yana nuna 64. Idan an zuba kaya ya wuce ainihin cikinsa, sai sabo ya riƙa hawa kan tsoho, ko ya tafi a banza. Sunayen waƙoƙin suna nan, amma ka danna ba komai. Ba a gyara shi. Gwajin da ke tona asirinsa shi ne a cika shi taf sannan a karanta abin da aka zuba. Akwai manhajar kwamfuta ta kyauta mai suna H2testw da ke yin haka, ta faɗa maka ainihin girmansa. Ka sa a yi maka wannan a ranar da ka saya, tun kana iya mayarwa.

Ta biyu, memori mai 64GB zuwa sama yana zuwa da tsarin exFAT, rediyon mota da yawa kuma FAT32 kaɗai suka sani. Mai 32GB zuwa ƙasa da FAT32 yake zuwa. To me za ka yi da 64 ɗin ma? Kundin nan gaba ɗaya, a MP3 mafi kyau mai 320, wato lambar da ke nuna ingancin sautinsa, bai wuce 150MB ba. A 128 kimanin 60MB ne. Memori mai 8GB ko 16GB na gaskiya ya ishe ka zuwa Agadas da dawowa.

Ga yadda za ka auna abin da aka tura maka. “Don't Stop Believin'” minti huɗu ce da 'yan daƙiƙoƙi. A 320 za ta kai kusan 10MB, a 128 kusan 4MB. Idan ka ga 2MB, an tatse ta. Amma girma kaɗai ba hujja ba ne, domin ana ɗaukar mai 128 a kumbura shi ya koma 320, nauyi ya ƙaru, sauti yana nan yadda yake. Mai kwamfuta zai iya dubawa da manhajar Spek: idan zanen sautin ya yanke ƙat a wajen 16kHz, daga 128 aka kumbura shi. Hanyar da ta fi sauƙi, kuma mai haƙƙi yake samun nasa, ita ce ka sauke kundin a cikin manhajar waƙa ta halas lokacin da kake da data mai arha ta dare, ka haɗa wayar da rediyon da wayar AUX. Ɗan abin nan da ake sokawa a wurin kunna taba na mota yana watsawa ta FM shi ne mafi muni a sauti, kada ka kashe masa kuɗi idan rediyonka yana da ramin AUX.

Yayana ya aiko min da garmaho daga Amurka da faifan Greatest Hits babba. Na sayi taransifoma mai rage wuta, yana juyawa, amma muryar ta yi kauri, waƙar tana jan ƙafa, kuma sautin ƙasa-ƙasa. (Daga Kumasi)

Ka yi daidai da ka sa taransifoma, da ka soka shi kai tsaye da tuni ya ƙone, domin wutar Amurka 120 ce, tamu 220 zuwa 230. Sai dai taransifoma ƙarfin wuta yake ragewa, ba ya canza bugunta. Tasu 60Hz ce, ta Ghana da Najeriya da Nijar 50Hz. Garmahon da motarsa, wato injin da ke juya faifan, ke bin bugun wuta zai yi gudu kashi biyar cikin shida na yadda aka tsara shi, wato maimakon juyi 33 da sulusi a minti, sai ya yi kusan 28. Jan ƙafar da kake ji ke nan. Duba rubutun da ke bayansa. Idan 60Hz kaɗai aka rubuta, sai an canza ɗan ƙarfen da ke kan motar inda bel yake hawa, a sa na 50Hz, idan ana samun na irinsa. Wanda aka rubuta 50/60Hz, ko mai motar DC, ba shi da wannan matsala. Irin naka kuma ko an gyara, a kan janareta zai riƙa rawa da murya, domin bugun wutar janareta ba ya tsayawa wuri ɗaya.

Ƙarancin sauti kuma, duba inda ka soka shi. Allurar garmaho sautinta ɗan mitsitsi ne, sai ya bi ta ramin da aka rubuta PHONO a amfilifaya, ko ta ɗan akwatin da ke yin wannan aiki. A AUX zai fito siriri ba nauyi. Idan akwai siririyar waya ta uku, ɗaura ta a kusoshin GND, in ba haka ba za ka sha gurnani. Sannan idan faifanka guda ɗaya ne, bugun 1988, an cusa kusan minti 30 a kowane gefe, alhali gefe ya fi sakewa a minti 20 zuwa 22. Dole aka matse layukan aka rage ƙarfi. Bugun baya da aka raba wa faifai biyu ya fi shi sauti.

Ajiye faifan a tsaye cikin rigarsa, nesa da taga da bangon da rana ke duka. Idan ya lanƙwashe, kada ka bi masu cewa a sa shi a rana tsakanin gilasai biyu, layukan ne za su narke.

Ina so a sa kundin nan daga farko har ƙarshe a dinar bikina. (Ango daga Abuja)

Kada ka yi. Ka san abin da ake faɗa a ciki kuwa? “Separate Ways” da “I'll Be Alright Without You” da “Send Her My Love” duk na rabuwa ne, “Lovin', Touchin', Squeezin'” kuma labarin cin amana ce. A cikin baƙinka akwai masu jin Turanci, kuma dangin amarya za su lura. Idan lallai sai ka sa, “Faithfully”, wadda Jonathan Cain, mai piyanon ƙungiyar, ya rubuta a kan makaɗin da ke yawon wasa yana riƙe da alkawarin matarsa, da “Open Arms” sun isa. Allah ya sanya alheri.

Na tsinci kaset ɗin kundin a kayan marigayi kawuna. Ina so in ji, amma ina tsoron rediyo ta cinye shi. (Daga Katsina)

Allah ya jiƙansa da rahama. Tsoronka a kan hanya yake, kaset ɗin da ya haura shekara talatin sai da lallashi. Kafin komai, duba ɗan soson da ke ƙarƙashin zaren a tsakiyar bakin kaset ɗin. Gam ɗinsa kan bushe ya faɗi, kuma idan babu shi sautin zai fito a dushe. Ana ciro na wani kaset a manna. Zura biro mai kusurwa shida a ramin ka juya a hankali, ka ji ko zaren yana tafiya ba tare da ya liƙe ba. Idan ka ga fari-fari kamar gari a jikin naɗin, fumfuna ce, kada ka sa shi a rediyo.

Cin kaset yawanci laifin rediyo ne: ƙaramar tayar roba da ke matse zaren ta yi datti ko ta ƙandare, ko bel ya saki har gefen da ke naɗewa ya daina ja. Goge kan da ke karanta zaren da sandar ƙarfen da ke kusa da tayar da auduga da sifirit, tayar kuma da ɗan ruwa, ka bari su bushe. Gwada da wani kaset da ba ka damu da shi ba tukuna. Idan ya wuce lafiya, sa na kawu ka tura shi gaba har ƙarshe, ka dawo da shi, sannan ka kunna. Tun a jin farko ka haɗa ramin iyafis na rediyon da kwamfuta ka naɗe shi da manhajar naɗar sauti ta Audacity, gefe ɗaya bayan ɗaya, sai ka mayar da kaset ɗin gidansa ka riƙa jin wanda ka naɗa.